Tace Fina-finai da Muhawarar Nuna Tashin Hankali a Allo

Tace fim aiki ne da wata hukuma ke yi na kallon fim kafin ya isa ga jama'a, sannan ta yanke masa ɗaya daga cikin hukunci huɗu: ta sake shi yadda yake, ta sa a cire wasu sassa, ta ƙayyade shekarun waɗanda za su kalle shi, ko ta hana shi fita gaba ɗaya. A ƙasashe irin su Najeriya da Indiya gwamnati ce ta kafa hukumar da doka. A Amurka da Birtaniya kuwa masu sana'ar ne suka kafa ta da hannunsu, don gudun kada gwamnati ta kafa musu wadda ta fi tsanani.

Abubuwa huɗu masu tacewa suka fi sa wa ido tun farkon sana'ar: tsiraici, addini, siyasa da tashin hankali. Na ƙarshen ya fi sauran wuyar hukunci. Fim ɗin da ke la'antar kisa da wanda ke ƙawata shi duka kisa suke nunawa, kuma labarin yaƙi ko na fashi ba ya yiwuwa ba tare da makami ba. Saboda haka muhawarar takan koma kan tambaya guda: shin kallon duka da zubar da jini a allo yana sa mai kallo ya aikata irinsa? Sama da shekara ɗari ke nan ana wannan tambaya. A tsawon lokacin ƙasashe da dama sun tashi daga yanka da haramtawa sun koma rarraba fina-finai bisa shekarun masu kallo, amma duk sa'ad da wani mummunan laifi ya girgiza jama'a, kiran a dawo da almakashi yakan sake tasowa.

Mafarin tacewa

Sinima ba ta cika shekara biyu da bayyana ba aka fara yi mata doka. A 1897 jihar Maine ta Amurka ta hana nuna fina-finan damben boksin na kuɗi. A 1907 birnin Chicago ya ba shugaban 'yan sanda ikon duba kowane fim kafin a nuna shi. Shari'ar farko da ta gwada wannan doka ta taso ne a kan fina-finai biyu masu nuna fashi da ta'asar mahaya dawaki, kuma a 1909 kotun ƙolin jihar Illinois ta goyi bayan birnin.

Tun a wancan zamani aka ga cewa batun tashin hankali yakan zama mayafin wata manufa dabam. A ranar 4 ga Yulin 1910 ɗan dambe baƙar fata Jack Johnson ya doke farar fata Jim Jeffries a garin Reno. Tarzoma ta ɓarke a birane da yawa, hukumomi suka yi ta hana nuna fim ɗin karawar, har a 1912 majalisar dokokin ƙasar ta haramta ɗaukar fina-finan dambe daga jiha zuwa jiha. An sha nuna fina-finan dambe kafin wannan rana. Abin da ya tayar da hankalin masu mulki shi ne ganin wanda ya yi nasara.

A 1915 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukuncin cewa fim kasuwanci ne kawai, don haka kariyar da tsarin mulki ya ba 'yancin faɗar albarkacin baki ba ta shafe shi ba. Wannan hukunci ya ba jihohi da birane damar kafa hukumomin tacewa yadda suka ga dama, kuma bai faɗi ba sai a 1952.

Amurka: daga ƙa'idojin Hays zuwa harufan shekaru

A 1922 manyan kamfanonin Hollywood suka kafa ƙungiya, suka ɗora Will Hays, tsohon shugaban hukumar gidan waya ta ƙasar, a kanta. A 1930 ƙungiyar ta amince da wasu ƙa'idoji da suka shahara da sunansa. Dangane da tashin hankali, ƙa'idojin sun ce kada fim ya ja tausayin mai kallo zuwa ɓangaren mai laifi, kada a nuna mummunan kisa dalla-dalla, kada a bayyana dabarun sata da fasa akwatin kuɗi yadda wani zai koya, kuma kada a halatta ɗaukar fansa a labarin da ya faru a zamanin yau.

Da farko ba a bi su sosai ba. Shekarun 1931 da 1932 su ne na fina-finan gungun miyagu irin su Little Caesar da The Public Enemy da Scarface. Na ƙarshen ya sha fama da masu tacewa: an jinkirta fitarsa, an ƙara wa sunansa kalmomin da ke nuna abin kunya ne ga ƙasa, har aka ɗauki wani ƙarshen dabam inda ake rataye jarumin. A daidai lokacin aka fitar da sakamakon binciken gidauniyar Payne kan tasirin fim a kan yara, kuma wani littafi da ya taƙaita shi a 1933 ya zuzuta haɗarin fiye da yadda masu binciken suka faɗa. Da matsin lamba ya yi yawa, musamman daga cocin Katolika, sai a Yulin 1934 aka kafa ofishin tilasta bin ƙa'idojin a ƙarƙashin Joseph Breen. Daga nan har kusan shekara talatin, mutumin da aka harba a fim ɗin Amurka yakan dafe ƙirji ya faɗi babu ɗigon jini, mai laifi kuma dole ya ga sakayya kafin a tashi.

Wannan tsabtataccen kisa shi kansa ya jawo suka. Wasu masu ba da umarni sun ce mutuwar da babu zafi babu jini ƙarya ce, kuma ita ce ke sa kisa ya zama abin wasa a idon mai kallo. Arthur Penn ya rufe Bonnie and Clyde na 1967 da ruwan harsasai a jikin jaruman biyu, Sam Peckinpah kuma ya ƙara gaba a The Wild Bunch na 1969. Zamani ne da Amurkawa ke ganin gawarwakin yaƙin Vietnam a labaran talabijin, kuma ƙa'idojin Hays sun riga sun zama tsohon yayi.

A ranar 1 ga Nuwamban 1968, shugaban ƙungiyar kamfanonin, Jack Valenti, ya maye gurbinsu da tsarin harufa: G, M, R da X. Tunanin da ke bayansa shi ne a bar manya su kalli abin da suke so, a kuma gargaɗi iyaye kan abin da bai dace da yara ba. A 1984, bayan ƙorafin iyaye kan Gremlins da Indiana Jones and the Temple of Doom, aka ƙara rukunin PG-13. Tsarin bai kashe muhawarar ba. Wani bincike da mujallar likitocin yara ta Pediatrics ta buga a 2013 ya gano cewa harbe-harben bindiga a manyan fina-finan PG-13 ya ninka fiye da sau uku tun daga 1985, har ya zarce na rukunin R.

Birtaniya: hukuma, kaset da firgicin jama'a

Dokar sinima ta farko a Birtaniya, ta 1909, an yi ta ne saboda gobara, domin zaren fim na wancan lokaci yana kama wuta cikin sauƙi. Dokar ta ba ƙananan hukumomi ikon ba gidajen sinima lasisi, su kuma suka faɗaɗa ikon zuwa abin da ake nunawa a ciki. Ganin kowane gari zai fito da nasa sharaɗi, masu sana'ar suka kafa hukumar BBFC a 1912, ta fara aiki a farkon 1913. Har yau ƙananan hukumomi ne ke da ta cewa ta ƙarshe kan fim ɗin sinima, sai dai kusan kullum suna bin hukuncin BBFC.

Tarihin hukumar cike yake da fina-finan da aka hana jiya aka sake yau. Battleship Potemkin na Tarayyar Sobiyet an ƙi shi a 1926 don tsoron ya zuga ma'aikata su yi bore, bai sami takarda ba sai 1954. The Wild One na 1953, labarin gungun matasa masu babura, ya jira har 1967. The Texas Chain Saw Massacre na 1974 sai a 1999 aka ba shi takardar 'yan shekara 18. Masu kallon fina-finan Bruce Lee kuma za su so sanin cewa a zamanin shugabancin James Ferman hukumar ta yanke wurin da jarumin ke wasa da sanduna biyu masu haɗe da sarƙa a Enter the Dragon, don gudun kada matasa su ƙera irin makamin. Ba a sassauta wannan ƙa'ida ba sai bayan saukarsa a ƙarshen shekarun 1990.

A Clockwork Orange na 1971 ya bi wata hanya dabam. Hukumar ta sake shi ba tare da yanka ba, amma jaridu suka yi ta danganta shi da wasu laifukan matasa, iyalin mai ba da umarninsa Stanley Kubrick suka fuskanci barazana. Shi da kansa ya sa aka janye fim ɗin daga Birtaniya, kuma bai dawo sinima ba sai a shekarar 2000, bayan rasuwarsa.

Babban sauyi ya zo da kaset ɗin bidiyo. A farkon shekarun 1980 babu dokar da ta tilasta tace kaset, don haka fina-finan ban tsoro masu yawan jini suka cika shagunan haya, inda yaro zai iya ɗauka ya kai gida. Jaridu da 'yar gwagwarmayar tarbiyya Mary Whitehouse suka tashi haiƙan. Ofishin babban mai gabatar da ƙara ya fitar da jerin fina-finai da jimillarsu ta kai 72, aka yi nasarar hukunta masu rarraba 39 daga ciki. A 1984 majalisa ta yi dokar da ta wajabta wa kowane kaset samun takardar BBFC. A wannan lokaci ne hukumar ta cire kalmar tacewa daga sunanta ta sa ta rarrabawa, alhali ikonta ƙaruwa ya yi.

A Fabrairun 1993 wasu yara biyu 'yan shekara goma suka kashe wani yaro ɗan shekara biyu a yankin Liverpool. Alƙalin da ya yi shari'ar ya ce yana zaton kallon fina-finan tashin hankali na iya zama wani ɓangare na dalili. Jaridu suka kama sunan fim ɗin Child's Play 3, har wata ta yi kira a ƙona irin waɗannan kaset. 'Yan sandan da suka yi binciken sun ce ba su sami shaidar cewa yaran sun kalli fim ɗin ba. Duk da haka, a 1994 majalisa ta gyara dokar, ta umarci BBFC ta riƙa auna cutarwar da fim zai iya yi wa mai kallo ko wa al'umma ta hanyar halin mai kallon. Wannan lamari ya zama misalin da masana ke yawan kawowa na yadda baƙin cikin jama'a ke haifar da doka tun kafin a tabbatar da hujja.

Indiya: ƙarshen Sholay

Indiya ta gaji tacewa daga dokar mulkin mallaka ta 1918, sannan ta yi tata a 1952, wadda har yau hukumar tacewarta ke aiki a ƙarƙashinta. A 1970 Kotun Ƙolin ƙasar ta tabbatar da halaccin tace fim kafin fitarsa, bisa hujjar cewa hoto mai motsi ya fi rubutu ratsa zuciya. Misalin da ya fi kusa da masu kallo a ƙasar Hausa shi ne Sholay na 1975. A yadda aka fara ɗaukarsa, Thakur ne ke kashe Gabbar Singh da ƙafafunsa don ramuwar kisan iyalinsa. Masu tacewa, a zamanin dokar ta-ɓaci ta Indira Gandhi, suka ƙi yarda tsohon ɗan sanda ya ɗauki doka a hannunsa. Aka sake ɗaukar ƙarshen, 'yan sanda suka iso suka kama Gabbar. Wannan shi ne ƙarshen da aka kalla a sinimomi shekara da shekaru.

Abin da bincike ya nuna

Masu ganin akwai illa sukan ambaci hanyoyi uku. Ta farko kwaikwayo ce. A 1961 da 1963 masanin halayyar ɗan Adam Albert Bandura na Jami'ar Stanford ya nuna wa ƙananan yara wani babba yana dukan 'yar tsanar roba da ake hura wa iska, wasu ido da ido, wasu a fim. Da aka bar yaran da 'yar tsanar, waɗanda suka ga dukan sun fi sauran dukanta. Ta biyu ita ce dushewar tausayi: wanda ya saba ganin jini a allo jikinsa yakan daina razana da shi. Ta uku tsoro ce. George Gerbner ya lura cewa masu yawan kallon talabijin sun fi ɗaukar duniya a matsayin wuri mai haɗari fiye da yadda take, sun kuma fi rashin yarda da mutane.

Akwai kuma binciken da ya bi yara tsawon shekaru. Rowell Huesmann da abokan aikinsa sun bibiyi wasu yara na yankin Chicago har kusan shekara 15, kuma a rahotonsu na 2003 sun ce waɗanda suka fi kallon tashin hankali suna ƙanana sun fi nuna halin faɗa da suka girma.

Masu suka, irin su Christopher Ferguson, suna da amsoshi. Dukan 'yar tsanar da aka ƙera don a doka ba ɗaya yake da sarar mutum ba. Samun abubuwa biyu tare kuma ba ya nuna ɗaya ne ya haifi ɗaya, domin yana yiwuwa yaro mai zafin rai ne tun asali ke zaɓar irin waɗannan fina-finai, ko kuma gidan da babu kulawa ne ke haifar da duka biyun. Suna kuma nuni da cewa manyan laifukan tashin hankali a Amurka sun ragu da kusan rabi tsakanin farkon shekarun 1990 da tsakiyar shekarun 2010, a daidai lokacin da fina-finai da wasannin kwamfuta suka ƙara tsanani. A 2009 masana tattalin arziki Gordon Dahl da Stefano DellaVigna suka gano cewa a ranakun da fina-finan tashin hankali suka tara jama'a a sinima, kai hari kan mutane raguwa yake yi. Bayaninsu shi ne matasan da ka iya tayar da fitina suna zaune a kujera maimakon mashaya. Binciken ya shafi sa'o'in kallo ne kawai, bai ce komai kan tasirin shekaru ba.

Tsohon ra'ayin da ke cewa kallon faɗa yana huce fushin mai kallo bai sami goyon bayan gwaje-gwaje sosai ba. Matsayin da ya fi ƙarfi a yau shi ne wanda rahoton babban likitan gwamnatin Amurka na 2001 kan ta'asar matasa ya kusanta: kallon tashin hankali yana iya ƙara halin faɗa na ɗan lokaci, musamman ga yara, amma tasirinsa kan manyan laifuka ƙarami ne idan aka gwada da dukan yara a gida, miyagun abokai, shaye-shaye da sauƙin samun makami. Akwai ɗaiɗaikun mutane da suka kwaikwayi fim, kamar John Hinckley da ya harbi Shugaba Ronald Reagan a Maris 1981 bayan ya shaƙu da Taxi Driver. Kotu ta same shi da taɓin hankali, miliyoyin da suka kalli fim ɗin kuma ba su harbi kowa ba.

Abin da ɓangarorin biyu suka fi kusa da yarda a kai shi ne yanayin nunawa ya fi yawan jini muhimmanci. Wani babban nazari da jami'o'in Amurka suka yi kan talabijin a tsakiyar shekarun 1990 ya jero abubuwan da ke ƙara haɗarin kwaikwayo: idan mai dukan jarumi ne abin sha'awa, idan labarin ya nuna yana da gaskiya, idan bai ga sakayya ba, idan ba a nuna zafin wanda aka cuta ba, ko kuma aka mai da abin na dariya. Irin waɗannan ma'aunai ne hukumomin rarrabawa na zamani ke dubawa, tare da tambayar ko fim ya koyar da wata dabara da yaro zai iya gwadawa.

Najeriya da Kano

An fara nuna fim a Najeriya a Agustan 1903 a zauren Glover da ke Legas. Turawan mulkin mallaka sun yi dokar sinima a 1933, gwamnatin ƙasa mai 'yanci ta yi tata a 1963. Bunƙasar fina-finan kaset, musamman bayan Living in Bondage na 1992 mai labarin tsafin kuɗi, ita ta zo daidai da kafa Hukumar Tace Fina-finai da Bidiyo ta Ƙasa, NFVCB, da dokar soja mai lamba 85 ta 1993. Rukunanta sun yi kama da na Birtaniya: G, PG, 12, 12A, 15, 18, da RE na fim ɗin da aka taƙaita wuraren nuna shi.

Kundin tsarin mulki na 1999 ya sa tace fina-finai a jerin abubuwan da tarayya da jihohi duka ke da ikon yi wa doka. Wannan ne ya sa jiha ke iya kafa tata hukumar, har ta hana fim ɗin da ta tarayya ta sake. Sashe na 39 ya ba da 'yancin faɗar albarkacin baki, sashe na 45 kuma ya halatta taƙaita shi don tsaro, zaman lafiya da tarbiyyar jama'a. Tsakanin waɗannan sassa biyu duk wata gardamar tacewa ke gudana.

A matakin tarayya, an jinkirta fitar Half of a Yellow Sun, mai labarin yaƙin basasa, daga Afrilun 2014 zuwa Agustan shekarar, bayan an gyara wasu sassa da hukumar ta ga za su iya tayar da husuma. A Mayun 2024 shugaban hukumar, Shaibu Husseini, ya sanar da ƙa'idar hana tallata ko ƙawata tsafin kuɗi, kisan tsafi da shan taba a fina-finai. Da masu sana'ar suka yi ca, hukumar ta bayyana cewa ba ta hana nuna waɗannan abubuwa ba idan labari ya buƙace su, ƙawata su ne ta hana.

A Kano, inda Turmin Danya na 1990 ya buɗe kasuwar fina-finan Hausa, gwamnatin jiha ta dakatar da harkar fim a Disamban 2000 bayan ƙaddamar da Shari'a, sannan ta kafa Hukumar Tace Fina-finai da Ɗab'i a 2001. Shekaru da yawa rigimar hukumar da 'yan fim ta fi karkata ga rawa da waƙa, sutura da cuɗanyar maza da mata. Batun tashin hankali ya shigo gaba ne da taɓarɓarewar tsaro. A Satumban 2021, a zamanin shugabancin Isma'il Na'abba Afakallah, hukumar ta hana fina-finan da ke nuna garkuwa da mutane, shaye-shaye da ƙwacen waya. A 2024, a ƙarƙashin Abba El-Mustapha, ta hana waɗanda ke nuna harkar daba.

Hujjar hukumar ita ce wadda aka ji a Chicago a 1907 da Landan a 1984: fim makaranta ce, kuma matashin da ba shi da aikin yi zai iya ɗaukar ɗan daban fim a matsayin gwarzo, ya koyi shigarsa da kalamansa da riƙon wuƙarsa. Ga magidancin da aka yi wa ɗansa ƙwacen waya a hanyar makaranta, wannan hujja ba ta buƙatar dogon bayani. Masu sukar matakin kuma suna cewa daba ta girmi fina-finan Hausa, kuma tushenta yana cikin siyasar banga, rashin aiki da miyagun ƙwayoyi. Suna tambayar yadda marubuci zai yi gargaɗi kan garkuwa da mutane idan an hana shi nuna ta, da kuma amfanin ɗaure hannun mai shirya fim na gida alhali fina-finan Indiya da na Amurka da aka fassara da Hausa, masu kisa ba adadi, suna yawo a kowace waya. Bambancin matakin Kano da na tarayya a fili yake: na Kano ya hana jigon ne ɗungurungum, na tarayya ya duba yadda aka nuna shi.

Zamanin waya da intanet

Duk tsarin tacewa an gina shi ne a kan ƙofa guda da za a iya tsarewa: ƙofar sinima, ko ta shagon kaset da faifai. Dokar NFVCB ta 1993 an rubuta ta kafin zuwan YouTube da Netflix. Wannan giɓi ya fito fili a 2023, lokacin da Gangs of Lagos ya fita kai-tsaye a Prime Video, gwamnatin Legas da 'yan asalin Isale Eko suka yi ƙorafin ya danganta dodon gargajiya na Eyo da kisan kai, maganar ta kai kotu. A Kano ma, komawar masu shirya fim zuwa shirye-shirye masu dogon zango a YouTube ta sa hukumar ta dage kan a kawo mata su kafin a ɗora, har a Mayun 2025 ta dakatar da guda 22, ciki har da Labarina da Daɗin Kowa, bisa zargin rashin bin wannan ƙa'ida.

Wasu ƙasashe sun ɗauki hanyar haɗa kai da kamfanonin. A Birtaniya, Netflix na sanya alamar shekaru ta BBFC a kan dukkan abin da yake nunawa tun ƙarshen 2020, inda kamfanin ke rarrabawa bisa ma'aunin hukumar, ita kuma tana bibiya. Indiya ta yi ƙa'idoji a 2021 da suka wajabta wa irin waɗannan kamfanoni rarraba shirye-shiryensu bisa shekaru da samar da makullin iyaye.

Ko a inda aka yi hakan, alamar 15 ko 18 sanarwa ce kawai. A gidan sinima akwai mai sayar da tikiti da zai iya korar yaro. A shagon masu tura fina-finai a waya, ko a ɗakin da yara ke karɓa-karɓar wayar yayansu, babu irin wannan mai gadi. Nauyin da dā yake wuyan hukuma da mai sinima yanzu kaso mafi girma nasa ya koma kan iyaye, da kuma masu shirya fim da ke zaɓar ko za su nuna ɗan daba a matsayin gwarzo ko su nuna abin da wuƙarsa ta bari a gidan wanda ya sara.